Ƙabar da na ɗaure da baƙar ɗamara

Godiya ta tabbata ga Allah da ya bar ni da raina har nake ba da wannan labari da kaina, don saura ƙiris ya zama wasu ne za su ba da shi a zaman makoki. Na daɗe ina jan ƙafa kafin in rubuta, saboda ciwon da na yi ba irin wanda namiji ke faɗa a majalisa ba ne. Amma duk mai ɗaukar kaya, da ɗan kokawa, da duk wanda ke ji da ƙarfinsa kamar yadda na ji da nawa, ya kamata ya san abin da ya same ni. Har yanzu da nake rubutun nan kunya nake ji, daurewa kawai nake yi.

Sunana Garba, amma a Tambuwal in ba ka ce Masta ba, ba mai gane wanda kake nufi. A Kaduna na koyi kunfu, wasan faɗan nan na mutanen Sin, lokacin ina aiki a masaƙa, wurin wani injiniya mutumin ƙasar Sin da ke motsa jiki in an tashi aiki. Da farko dariya nake yi masa, har ran da ya ce in kai masa naushi. Na kai, sai kawai na gan ni a ƙasa, ban san ta inda na bi ba. Daga ranar na zama almajirinsa, shekara da shekaru, har ya ɗaura mini baƙar ɗamara da hannunsa.

Da aka ba mu jiharmu ta Sakkwato, ga kuɗin fetur ya shigo ana ta buɗe makarantu, sai na dawo gida aka ɗauke ni malamin wasanni a wata sakandare. Da la'asar kuma in buɗe nawa ajin a wani fili bayan tasha. Lokacin finafinan Cainis sun haukata samari, kowa tafe yake yana ihu yana harbin iska, don haka ban rasa ɗalibai ba: 'yan kamasho, leburori, masinjojin ofis, har da magidanta masu fakewa da cewa kallo suka zo. Jefi-jefi kuma gidan talabijin da ke birnin Sakkwato kan aiko mini in suna wasan kwaikwayo, in ana son ɓarawon da zai tsallake katanga ko ɗan sandan da zai kama shi. Ɓarawon na fi fitowa, wai na fi dacewa da shi.

To, mutanenmu ba su yarda da ƙarfin da ido bai gani ba. Ka yi ta bayani a kan numfashi da tsayuwa, a ƙarshe wani ya tambaye ka ko ka sha tauri. Shi ya sa na aro wasan gardawa na haɗa da nawa. Sai in kwanta rigingine, a ɗora mini turmi a ciki, a zuba gero, ƙarti biyu su kama taɓare su yi ta daka ina murmushi. In an ɗauke turmin in miƙe da tsalle, in ce wannan duk aikin numfashi ne. Malamina bai koya mini wannan ba, da zai gani ma da ya karɓe ɗamararsa. Amma da shi na yi suna daga Tambuwal har Kebbe.

A wani bikin ba da kyaututtuka na makaranta abin ya fara. Ana ɗauke turmi na yi tsallen nan nawa, sai na ji wani abu ya ɓalle mini a mara, ta wajen dama, kamar zaren wando ya tsinke. Na ci gaba da ɗaga hannu ana tafi. Da na shiga wanka na ga wani ɗan ƙullutu kamar ƙwan zabo a wurin. In na kwanta na danna shi sai ya koma ciki da 'yar ƙara, in na yi tari ya leƙo. A makonnin farko ba ya ciwo sosai, nauyi kawai, sai na ce jijiya ce, za ta kwanta.

Ba ta kwanta ba. Kafin wata ya zagayo ya kai lemun zaƙi, ya kuma fara gangarowa ƙasa, can inda ba a faɗa. Matata Kulu ce kaɗai ta gani, ita kuwa kallo ɗaya ta yi masa.

Ta ce, "Masta, wanga abu ƙaba ta. Tun ina ƙarama nika ganin masu ita bakin asibitin Baba. Mu tafi Kebbe shi duba ka."

A nan gizo ke saƙar. Mahaifin Kulu shi ne malamin asibitin Kebbe, wani ɗan asibiti mai ɗaki biyu, kuma duk yankin an san hannunsa. Amma surukina ne. Tun da na auri 'yarsa ban taɓa haɗa ido da shi ba, ban taɓa cin abinci ko shan ruwa a gabansa ba. In na hango shi a kasuwa sauya hanya nake yi, in za ni gaishe shi kuwa tun daga nesa nake cire takalmi in durƙusa. Shi ma bai taɓa ambatar sunana ba, sai dai ya ce mutumin Tambuwal. Ko a rubutun nan ba zan iya kama sunansa ba, Baba zan ce.

Na ce da ita, "Ke, kin ji abin da kika faɗi kuwa? In tuɓe wando gaban Baba? Gara in mutu."

Ta ce, "To ai mutuwar ita kaka nema."

Na sa ta rantse ba za ta gaya wa kowa ba, ta rantse tana hawaye, ga ta da tsohon ciki na fari. Wannan ma in na tuna sai in ji ba daɗi.

Daga nan na shiga dabara. Sai in ninke tsumma in danne wurin, in zagaya baƙar ɗamarata in ɗaure tamau a ƙarƙashin farin wando, in ɗaura wata ta aro a sama don idon mutane. A fili na daina ɗaga ƙafa. Kullum sai in ce wa ɗalibai yau ranar numfashi ce, har wani ɗan kamasho ya ce in numfashi ne ai yana yi tun a gida. Turmi kuwa na ce an jingine shi sai an gama koyon tushe.

Uwa ba a ɓoye mata tafiyar ɗanta. Inna ta ga ina tafiya ina ware ƙafa, ta tsare ni, na ce ƙugu ne ke damuna. Washegari sai ga wanzami ta kira. Na kwanta rub da ciki a kan ainihin ciwon, aka jera mini ƙaho a baya, aka zuƙe jinin da bai yi laifin komai ba. Kawuna ya ce sammu ne, 'yan tauri ne ke baƙin cikin na ƙwace musu kallo, ya kawo rubutu da turaren hayaƙi, na sha na turara. Wani abokin aikina a makaranta ya ce basir ne, ya ba ni saiwar da ta sa na yini a bayi, kuma duk nishin da na yi abin ƙara sauka yake. Kowa na yi masa godiya na ba shi abin goro. Ban ga laifin ko ɗaya daga cikinsu ba, kowa ciwon da na gaya masa ya yi wa magani.

Da azaba ta fara hana ni hawa keke, na ce bari in je babban asibiti a birni inda ba a san ni ba. Nan ne na yi wauta. Na manta a birnin ake nuna fuskata, kuma lokacin an kakkafa talabijin a unguwanni, jama'a na taruwa kallo. Ina shiga layin yankar kati, wani dattijo ya nuna ni da sanda.

"Kai! Ga ɓarawon ga na talbijin! Kai na kat tsallake katangar Alhaji ran Jumma'a?"

Nan take layi ya watse aka kewaye ni, wannan ya taɓa damtsena, wancan ya ce in ɗan gwada musu. Ina cikin wannan hali na iso taga, ga wata ma'aikaciya da murya kamar ta mai shela.

"Mi ad damuwarka?"

Na waiwaya, ido ya fi ƙarfin ƙirga, duk an yi tsit ana jiran jin abin da zai iya kama Masta. Na ce, "Tari." Haka na biya kuɗin mota zuwa da dawowa, na yini a rana, na dawo Tambuwal da kwalbar maganin tari. Kulu ta karɓa ta juya ta, ta ajiye a kan taga, ta koma kan aikinta. Da ta zage ni da ya fi mini sauƙi.

Na sake komawa bayan 'yan makonni, da hula har gira da tabarau. Wannan karon na kai har gaban likita, wani baƙo daga ƙasar waje da ba ya jin Hausa. Turancina ya isa in yi masa bayani, amma ƙa'ida sai da tafinta a ɗakin. Tafintan ya ɗago kai, sai ya miƙe tsaye ya dunƙule hannu ya rusuna irin gaisuwarmu ta fili. Tsohon ɗalibina ne. Na ce da likita ƙugu ne, aka ba ni man shafawa.

Damina ta faɗi, Kulu ta tafi gidansu goyon ciki kamar yadda ake yi a haihuwar fari. Ran da za ta tafi ta roƙe ni in sake ta daga rantsuwar, na ƙi. Ba a jima ba aka aiko ta sauka lafiya, an samu ɗa namiji.

Ranar suna na tafi Kebbe da abokina Sahabi, direban Landirobar ma'aikatar gona, wanda aiki ya kai shi wajen. Uban ɗan fari ba ya zama a idon jama'a, don haka bayan an raɗa suna da safe muka koma wani zaure can gefen kasuwa, ni da abokai. Samarin gari suka cika ƙofa, wai su sai sun ga wasan turmi. Na ce yau ranar suna ce, ba ranar wasa ba. Sai wani mahauci da ke tsaye daga baya ya ce, ba da ni yake ba amma don in ji:

"Ku ƙyale shi. An ce tun bazara ba shi yi. Maganin ya karye."

Wallahi da na yi shiru da ba abin da zai ragu a jikina. Amma sai na ji kaina ya yi zafi. Na zagaya bayan zaure na ƙara tamke ɗamara har numfashina na sama-sama, na fito na ce a kawo turmi, kuma mahaucin ya kama taɓarya ɗaya. Sahabi ya riƙe mini hannu ya ce bai ga alamar lafiya a fuskata ba, na fizge.

Na kwanta, aka ɗora, aka fara daka. Na yi murmushin kamar yadda na saba. Aka gama, aka ɗauke, na miƙe ba tsalle, jama'a na ta sowa. Na koma cikin zaure na kwanta na kwance ɗamara don in mayar da abin kamar kullum. Ya ƙi. Ya yi tauri kamar dutse, taɓa shi ma ba ya yiwuwa. Kafin azahar na fara amai, na farko abinci, na baya wani abu kore mai wari. Ciki ya kumbura, gumi ya karyo mini, ina murƙususu a kan tabarma a gaban mutanen da ɗazu suke mini tafi. Sahabi ya yaye rigata ya gani, ya yi salati, ya ce a kama.

Na san inda za su kai ni, don babu wani wurin. Ina roƙonsu, "Don Allah kar ku kai ni wurin Baba, ku kai ni ko'ina ban da can." Ba wanda ya saurare ni. A kan ƙyauren zauren suka ɗauke ni, suka ratsa kasuwa da ni, na rufe fuska da hula.

Aka kira Baba daga tsakiyar baƙinsa, ya zo da babbar rigarsa ta suna. Na juya fuska bango, ina fata ƙasa ta tsage in shige. Na ji ya ce kowa ya fita, har Sahabi. Na ji ya rufe ƙofa, ya cire babbar riga, ya wanke hannu a kwano. Sannan ya matso kusa da gado ya yi magana da wata murya da ban san shi da ita ba, irin wadda yake yi wa Fulanin daji in sun kawo mara lafiya.

"Sannu, bawan Allah. Daga wane gari?"

Na ɗauka zafin ciwo ne ya sa nake jin abin da ba a faɗa ba. Ya sake tambaya a hankali. Na ce, "Tambuwal."

"Tambuwal. Ka sha hanya. Mi as sunanka?"

"Garba."

"To Malam Garba, ni malamin asibiti na, aikina ke nan. Sassauta wandon ga in gani."

Sai a lokacin na gane abin da yake yi mini. Ya ajiye surukuta tare da babbar rigar ne, ya mai da ni baƙon da bai taɓa gani ba, don in iya kwance mazagi. Na kwance ina kuka, kuma ba ciwon kaɗai ke sa ni kukan ba. Ya sa bulo ya ɗaga ƙafafun gado, ya yi mini allura, ya gwada mayar da abin a hankali. Da ya ga ba hali bai matsa ba. Ya tambaye ni tun yaushe, na gaya masa gaskiya. Na jira faɗa, bai yi ba.

Ya ce, "Wanga ya fi ƙarfina. Sai birni, kuma yanzun ga."

Ya bar baƙinsa da ragon suna da jikansa na fari, ya hau bayan Landiroba ya zauna a ƙasa kusa da kaina da kwano a hannu. Wanda ya san hanyar Kebbe da damina ya san abin da nake nufi. Mota ta kafe a laka, mutanen wani ƙauye suka tura, kowane rami sai na ji kamar an soka mini wuƙa. In na yi amai ya tara, ya goge mini baki da gefen rawaninsa, ya ce, "Sannu, bawan Allah, mun kusa." Da muka hau kwalta a Tambuwal Sahabi ya tsaya ya aika a gaya wa Inna, muka wuce. Muna shiga birni ana kiran magariba.

Wannan karon ba layi ba kati, Baba ya san ƙofar da ake bi. Likitan da ya ba ni man shafawa shi ne a bakin aiki, kuma ya gane ni. Ya duba, ya dube ni, ya yi magana, Baba ya fassara duk da na ji da kunnena. Kalmominsa har gobe suna kaina: hanji ya shaƙe, kuma wataƙila wani sashe ya riga ya mutu. Ya ce da ran da na zo na faɗi gaskiya, da aikin ɗan lokaci ne in koma gida da ƙafata. Aka nemi jini, Sahabi ya nannaɗe hannun riga ya bayar. Allah ya saka masa da alheri, har yau in mun haɗu sai ya ce jininsa ne ke yawo da ni.

Na farka da roba a hanci, roba a hannu, roba a ƙasa, ciki kuma an tsaga shi an ɗinke. An yanke hanjin da ya mutu an haɗa sauran. Ban iya ko juyawa ba. Ni da nake tsallake katanga ana ɗauka a talabijin, sai an ɗaga ni an sa mini fo, kwanon bayan gida.

Wa zai yi wannan aikin? Kulu na jego a Kebbe. Inna ta zo, amma ɗakin maza ne, iyakarta lokacin dubiya. 'Yan'uwana maza suna Kaduna da Legas wajen neman kuɗi. Ma'aikatan ɗakin kuwa ba su da yawa, marasa lafiya har a ƙasa. Baba ya aika a riƙe masa asibitinsa, ya shimfiɗa tabarma a gefen gadona. Shi ke sa fo, shi ke fitarwa, shi ke goge mini jiki da tsumma. Duk lokacin da zai yi sai in rufe ido, shi kuma ya kama hira da na gadon kusa a kan farashin dawa, kamar hannuwan ba nasa ba ne. Wata rana na gadon kusan ya tambaye shi ko ni ɗansa ne.

Ya ce, "Bawan Allah na, ciwo yah haɗa mu."

A nan dole in yi ƙorafi, don gaskiya ce. Gini sabo fil, fenti na ƙyalli, an ce kuɗi sun yi wa ƙasa yawa, amma famfon ɗakinmu sai ya yini bai ɗiga ba. Baba da furfurarsa shi ke ɗaukar bokiti ya tsallaka titi ya roƙo ruwa a wani gida. Wasu magungunan ma sai an fita kanti an sayo, har kekena ya tafi a nan. A mako na biyu ɗinki ya yi ruwa, zazzaɓi ya rufe ni, aka warware wani gefe ana wankewa kullum, ina cizon matashi. Amma kuma akwai wata nas, babbar mace, mai faɗa kamar me, wadda ba ta taɓa tsallake gadona ba ko da ta gaji. Ita ce ta tilasta mini tashi in taka, tana cewa ɓarawon da ke tsallake katanga ai ba zai kasa zuwa bakin ƙofa ba. Likitan ma, duk da na yi masa ƙarya, bai sake tayar da maganar ba. Allah ya biya su.

Ran da na fara fitar da iska, wadda ita ce alamar hanji ya kama aiki, ɗakin duka aka yi mini barka. Ka ji inda Masta ya koma. Baba na zaune, ya ce alhamdu lillahi a hankali, ya ci gaba da jan carbi. Da ya ga na fara shan kunu ina zuwa bayi da kaina, ga kuma ƙanena ya iso daga Kaduna, sai ya naɗe tabarmarsa. Ya tsaya a ƙafar gado ya ce, "To Malam Garba, Allah shi ƙara sauƙi. A bar ɗaukar nauyi." Ya fita.

Ɗalibaina sun zo dubiya, sun yi cirko-cirko, kowa na satar kallon cikina. Labari ya riga ya zagaya, ba sauran abin ɓoyewa, sai na gaya musu sunan ciwon da bakina, na ce kuma turmi ne ya jawo, ba sammu ba. Wasu ba su sake zuwa fili ba, dama turmin suka biyo. Mutanen talabijin ma sun daɗe ba su aiko ba, da suka aiko kuma mai gadi suka ba ni, ina zaune a kan benci. Na karɓa. Waɗanda suka tsaya na ci gaba da koya musu shekaru masu yawa, abin da malamina ya koya mini tsurarsa, kuma a cikinsu akwai waɗanda suka buɗe nasu ajin a wasu garuruwa.

Ga abin da nake so mai karatu ya riƙe. In ka ga ƙullutu a mara mai fita da komawa, kar ka ɗaure shi, kar ka sa masa sunan wani ciwo, ka je a duba tun yana komawa. In ya ƙi komawa, ga amai, to ko a gaban wa ne ka kwance mazagi. Ni kunyar mutum ɗaya na guje wa, na ƙare an ratsa kasuwa da ni a kan ƙyaure, shi ɗin kuma shi ya ɗauki fona.

Da na samu ƙarfin shiga mota, Kulu ta riga ta gama wankan jego tuni, na tafi Kebbe in ɗauko ta da yaron. Tun daga Tambuwal nake shirya abin da zan faɗa wa Baba. Na tsara godiya, na tsara ban haƙuri, na maimaita a zuci har na haddace. Na yi niyyar ko da sau ɗaya a rayuwata in ɗaga kai in dube shi in faɗa.

Na same shi a zaure da hantsi, da babbar riga, yana duba littafi. Na cire takalmi tun daga waje, na durƙusa a bakin ƙofa inda na saba. Muka gaisa, ya tambayi Inna, ya tambayi ruwa a wajenmu, idonsa a kan littafi, nawa a ƙasa. Zan fara ke nan, sai ya riga ni.

"An ce mani mutumin Tambuwal bai ji daɗi ba kwanaki. Ban samu zuwa dubiya ba. A yi haƙuri."

Na gane ya rufe maganar ke nan, kuma in na buɗe ta na tuɓe mu duka biyu. Hawaye na ɗiga a kan tabarmarsa na ce, "Ba komai, Baba."

Ya ce, "Madalla. A shiga ciki, suna jira."

Har ya bar duniya bai ba ni wata ƙofa ba, iyakar godiyar da na samu yi masa ke nan.